Ɗakin edita a Jamus ta Gabas: Barbara Junge da gwangwanayen Golzow

Malam Habibu:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Kullum idan muka taɓo fim ɗin gaskiya, wato dokumantari, darakta muke ambata, wani lokacin mu tuna da mai kyamara, shi ke nan. Yau ɗakin edita nake so mu leƙa, kuma a ƙasar da yanzu babu ita a taswira, Jamus ta Gabas. Matar sunanta Barbara Junge. An haife ta a 1943 a yankin Thuringia, ta karanta aikin tafinta na Turanci da Rashanci a jami'ar Leipzig, a 1969 ta kama aiki a sashen dokumantari na DEFA, kamfanin fim na gwamnati. Da farko aikinta shi ne shirya fina-finan da za a kai waje cikin harsunan ƙetare.

Mijinta, Winfried Junge, shi ne daraktan aikin nan da aka sani da Yaran Golzow. Golzow ƙauye ne kusa da kogin Oder, dab da iyakar Poland. A 1961, 'yan makonni bayan an fara gina katangar Berlin, aka kai kyamara aji ɗaya na firamaren ƙauyen, da nufin a bi yaran a ga irin mutanen da gurguzu zai raina. Aka yi ta bin su har 2007. Fina-finai kusan 20, sama da awa 40. Daga 1978 Barbara ce ke riƙe da ma'ajiyar duk abin da aka ɗauka, daga 1983 ita ke yankawa da haɗa duk fina-finan mijin, daga 1993 kuma aka soma rubuta sunanta a matsayin darakta tare da shi.

Ra'ayina, a aiki irin wannan wanda ya san abin da ke cikin kowane gwangwanin ajiye fim shi ne mai labarin. Amma ga tambayar: mutum zai iya yin aikin gaskiya a ɗakin da gwamnati ce ta sayi teburin, ta sayi fim ɗin, take biyan albashi, kuma ita ce za ta ce a nuna ko kada a nuna?

Abdul-Aziz Maraɗi:
Wa alaikumus salam Malam. Amsar ai gajeriya ce, kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Kai da bakinka ka ce an fara aikin ne don a nuna yadda gurguzu ke raina yara. To farfaganda ke nan tun daga tushe. Kuma a duk ma'aikatan fim, edita ce hannun da ke zartar da hukunci. Jami'i yana zaune a ofis ya ce a cire wuri kaza, ba shi zai taɓa almakashi ba, ita ce. Ni ban ga abin yabo a nan ba.

Kwamared Isiyaku:
Malam Abdul-Aziz ka fara ke nan. Ka nuna mini kamfanin 'yan kasuwa ɗaya da zai zuba kuɗi daga 1961 har 1989 yana bin 'ya'yan manoma a wani ƙauye da ba wanda ya san sunansa. Babu jarumi, babu waƙa, babu riba. Tsarin da kake zagi shi ya ba su wannan lokacin. Ma'aikatan DEFA albashi suke karɓa duk wata, ko fim ya yi kasuwa ko bai yi ba. Mace mai aure da ke aiki cikakke tana da rana ɗaya a wata da ake biyanta don ta yi hidimar gida, daga 1976 kuma aka kawo hutun shekara guda na goyo daga haihuwa ta biyu. Shi ya sa mata suka iya zama a sana'a har su ƙware.

Abdul-Aziz Maraɗi:
Kwamared, tsuntsun da ke cikin keji ma ba ya rasa tsaba.

Sadiya Edita:
Ku yi haƙuri iyayena, kafin ku yi nisa a siyasa ina so in fahimci aikin kansa. Ni da kwamfuta na koya, in na yanke abu ban so ba sai in danna in dawo da shi. Su a lokacin yaya suke yi? Baba Garba, na san kai ka taɓa aiki da irin wannan fim ɗin.

Baba Garba:
'Yata Sadiya, na taɓa, tun ana kawo labarai a gwangwani. Bari in ba ki yadda abin yake, don duk inda aka yi aiki da fim ɗin majigi hanyar kusan ɗaya ce.

Abin da kyamara ta ɗauka, wato nagatif, ba a taɓa shi. Ana wanke shi a buga kwafin aiki, shi ake ba edita. Sauti yana kan nasa zaren daban, na maganaɗisu, mai huji a gefe kamar na hoton. Aikin farko shi ne a daidaita su: ki nemi hoton da katakon nan na ɗauka ya rufe, ki nemi inda ƙarar ta fito a sauti, ki sa alama da farin fensir mai maiƙo, ki jera su. Teburin yana da faya-fayai a kwance da ɗan ƙaramin allo a tsakiya, kina tura fim gaba kina dawo da shi baya da hannu. In kin yanke shawara, ki datse, ki liƙa da salatif. Guntun da kika cire ba a zubarwa. Ana rataye shi a ƙusa, jelarsa tana cikin buhun yadi don kada ya kwashi ƙura, daga baya a naɗe shi a rubuta lamba a mayar gwangwani. In bayan wata biyu darakta ya ce a ƙara hoto shida a ƙarshen wancan wurin, to sai kin nemo guntun nan mai hoto shida. Wanda bai iya ajiya ba bai iya aikin ba.

Fim mai faɗin milimita 35 yana cin hoto 24 a daƙiƙa, wato mita 27 da 'yan kai a minti ɗaya. Gwangwani mai mita 300 minti 11 ne kacal. An ce abin da aka ɗauka a Golzow ya kai mita 400,000. Ki yi lissafi da kanki, gwangwani sama da 1,300 ke nan, awa sama da 240. Matar da aka ce ta riƙe wannan, ta san a wane gwangwani yaro kaza ya yi kuka ranar shiga makaranta, a wanne ya ɗaura aure, ba ƙaramar mace ba ce.

Sadiya Edita:
Tabɗijam. Allah ya ƙara lafiya Baba. Awa 240 a shekara 46 ai kaɗan ne ma, ni bikin aure ɗaya sai a jibgo mini awa goma.

Baba Garba:
To ai shi ya sa. Fim ɗin ma'auni ake ba su, ba a barin kyamara tana zuba. Nasu na gida ne, ORWO, daga masana'antar garin Wolfen. In an ɗauki abu kaɗan, kowane guntu yana da daraja, edita kuma ba ta da wurin ɓuya.

Nura Berlin:
Salam. Malam Habibu, da izininka zan ɗan ja da kai a wuri ɗaya. Fim ɗin Golzow da ya fi suna a zamanin gurguzu shi ne na 1981, mai suna Lebensläufe, wanda ya haɗa tarihin mutum tara cikin sama da awa huɗu. To ka ce daga 1983 ta fara yanka. Ke nan babban aikin ya fito kafin almakashi ya zo hannunta, kuma shekarunta na edita a ƙarƙashin gurguzu daga 1983 ne zuwa 1989. Mafi yawan abin da ta haɗa na Golzow bayan rushewar katanga ne. Anya ita ce misalin da ya dace?

Malam Habibu:
Nura ka taɓo inda nake son zuwa. Haka ne, kuma dalilin da ya sa na zaɓe ta ke nan. Na farko, ba a haɗa awa huɗu daga hotunan shekara 18 sai akwai wanda ya tsara ma'ajiyar, kuma ita ke kai tun 1978. Na biyu, wanda ya fi muhimmanci: hotuna iri ɗaya sun bi ta teburi sau biyu, sau ɗaya a ƙarƙashin SED, jam'iyyar gurguzu da ke mulkin ƙasar, sau ɗaya bayan babu ita. Ba kowane edita ne ke samun wannan ba. A 1993 suka fitar da wani dogon fim, Drehbuch: Die Zeiten, wanda a cikinsa suka juya kyamara kan aikin kansa, yadda aka faro, abin da aka so a nuna, da inda su kansu suka bi iskar lokacin. Daga 1994 kuma suka koma fim ɗaya ga mutum ɗaya, suna komawa tsofaffin gwangwanaye suna ciro abin da a da bai shiga ba. Da an zubar da guntayen nan, da babu wannan.

Abdul-Aziz Maraɗi:
Malam, wannan ai shi ne idan kiɗa ya canza rawa ma ta canza. Lokacin da faɗin gaskiya ke da tsada sun yi shiru, da ta yi araha sai suka fito da ita. Wane jarumtaka ne a ciki?

Malam Habibu:
Ban ce jaruma ce ba, Malam Abdul-Aziz. Cewa na yi ta ajiye shaida. Biyun ba ɗaya ba ne.

Hajiya Rabi:
Ni abin da ya tsaya mini a rai daban ne. Me ya sa ita ce a ɗakin yanka, shi ne a gaba? Shekara 15 tana riƙe da aikin kafin sunanta ya hau layin darakta. Kwamared yana ta yabon gurguzu da 'yancin mata, to ga shi nan.

Nura Berlin:
Hajiya kin yi gaskiya, kuma ba ita kaɗai ba ce. A DEFA yawancin editoci mata ne, yawancin daraktoci maza. Tun daga farko haka abin yake, Ella Ensink tana cikin waɗanda suka riƙe yankan labaran majigi na mako-mako, Der Augenzeuge, wanda aka fara a 1946 aka daina a 1980. A makarantar fim ta Babelsberg da ke kusa da Berlin, wadda aka buɗe a 1954, akwai sashen koyon yanka, sana'a ce mai takarda da daraja. Sai dai daraja ce ta bayan labule. Kusan kashi 90 cikin ɗari na matan ƙasar suna aiki ko karatu a ƙarshen shekarun 1980, amma majalisar ƙoli ta jam'iyya ba ta taɓa samun mace mai cikakkiyar kujera ba har ƙasar ta rushe.

Kwamared Isiyaku:
A Yamma fa? Har 1977 dokar Jamus ta Yamma tana cewa matar aure za ta yi aiki ne idan bai ci karo da hidimar gida ba. Ku riƙa auna su da maƙwabtansu na lokacin.

Hajiya Rabi:
Kwamared, laifin wani ba ya wanke na wani. Ni dai tambayata ba ka amsa ba.

Mubarak:
Ni fa ban ga wani abin mamaki ba. Mu ma ai muna da hukumar tace fina-finai a Kano, kafin fim ya fita sai ta gani. Ba shi ke nan ba?

Sadiya Edita:
Ƙanena ba ɗaya ba ne. A nan furodusa da kuɗinsa yake yin fim, kyamararsa ce, kwamfutarsa ce, sai ya gama ya kai a duba. Can gwamnati ce furodusa, ita ce mai ɗakin wanke fim, ita ce mai rarrabawa, ita ce mai silima da talabijin. In ta ce a'a, babu wata ƙofar.

Nura Berlin:
Haka ne Anti Sadiya. Matakan ma biyu ne. Shugabannin sitidiyo su fara kallo, sannan a kai babban ofishin fim da ke ƙarƙashin ma'aikatar al'adu, shi ke ba da izinin nunawa. Suna iya amincewa, suna iya cewa a gyara wuri kaza, suna iya kulle fim ɗin a ma'ajiya. Kowa kuma yana tuna Disambar 1965, lokacin da babban taron kwamitin tsakiya na jam'iyya karo na 11 ya jawo aka dakatar da fina-finan wasa kusan 12, kusan aikin shekara guda cur. Tun kafin nan ma an kulle wani dokumantari na Jürgen Böttcher na 1961 a kan abokansa masu zane. Bayan irin wannan ba sai jami'i ya yi magana ba. Darakta da edita suna zaune a teburi, su da kansu za su ce wannan jimlar ba za ta wuce ba, mu cire ta kafin ta ja mana asarar fim ɗin duka.

Abdul-Aziz Maraɗi:
Yauwa! Ka faɗa da bakinka. Wannan ya fi komai muni, don babu takardar da za a nuna gobe a ce wane ne ya ba da umarni.

Baba Garba:
Abdul-Aziz ɗana, akwai abin da ba ka lissafa ba. Mai tantancewa jimla yake farauta. Abin da zai iya rubutawa a rahoto shi yake kamawa. Amma tsawon hoto fa? In mutum ya gama faɗin abin da ake so ya faɗa, edita ta bar fuskarsa daƙiƙa huɗu bayan ya yi shiru, ya haɗiyi yawu, ya kalli ƙasa, me jami'i zai rubuta? Ba a faɗi komai ba. Amma duk wanda ke silima ya gane. Wannan daƙiƙa huɗun ba darakta ne ke auna ta a wurin ɗauka ba, a teburi ake auna ta.

Nura Berlin:
Baba kamar ka kalli Winter adé. Fim ne na Helke Misselwitz na 1988, baƙi-da-fari, Gudrun Plenert ce ta yanka shi. Tafiya ce a jirgin ƙasa daga Zwickau a kudu har bakin teku a arewa, ana hira da mata. A ciki akwai wata ma'aikaciyar masana'antar curin gawayi, aikinta shi ne ta zagaya da guduma tana bubbuga bututu don kada toka ta taru ta toshe shi. Ta buga, ta matsa gaba, ta buga, ta hau bene, ta buga. Ba a yi sauri an wuce ba, an bar ka ka gaji tare da ita. Sannan ta zauna tana ba da labarin rainon 'yarta mai lalura ita kaɗai. Babu inda aka zagi jam'iyya, amma duk maganar an 'yanta mace ta hanyar aiki sai ta yi wani iri. An nuna shi a bikin dokumantari na Leipzig a Nuwambar 1988, ya ci kyautar Kurciyar Azurfa. A wannan watan ne fa gwamnati ta hana shigo da mujallar Sputnik ta Tarayyar Sobiyet don tana ganin sauye-sauyen Gorbachev sun yi yawa.

Hajiya Rabi:
Allah sarki. Wannan kam zan so in gani.

Abdul-Aziz Maraɗi:
To na ji. Amma tunda kuna kawo masu kyau, bari in kawo ɗaya ɓangaren. Daraktocin dokumantarin nan, Walter Heynowski da Gerhard Scheumann fa? Waɗannan ai 'yan gaban goshin gwamnati ne, da sitidiyonsu na kansu, suna yawo duniya lokacin da talaka ba ya iya tsallaka titi zuwa Berlin ta Yamma. Su ma suna da edita, Traute Wischnewski. Ita ma shaida take ajiyewa?

Kwamared Isiyaku:
Madalla da ka kawo su da kanka. Ka san Kongo-Müller? Siegfried Müller, tsohon sojan Hitler da ya tafi Kwango a 1964 a matsayin sojan haya yana kashe 'yan Afirka. A 1965 mutanen nan biyu suka zaunar da shi a Munich, yana zaton 'yan talabijin ɗin Yamma ne. Ya zo da kakinsa da lambar yabonsa ta yaƙin duniya a ƙirji, ana zuba masa giya yana sha yana murmushi, yana bayanin wai shi mai kare wayewar Yamma ne. A wurin yanka aka riƙa katse murmushin nan da hotunan gawawwakin 'yan Kwango. Aka nuna a talabijin ɗin Gabas a 1966, a Yamma kuma aka hana nuna shi. To ka gaya mini, hotunan ƙarya ne?

Abdul-Aziz Maraɗi:
Ba ƙarya ba ne. Amma yaudararsa aka yi aka shayar da shi, kuma ba don son 'yan Kwango aka yi ba, don a ɓata gwamnatin Jamus ta Yamma da ke Bonn aka yi. Almakashin da ya tona asirin Müller bai taɓa tona asirin masu harbin mutane a bakin katanga ba.

Malam Habibu:
A nan ina tare da ku duka biyu, kuma ba don in raba gardama ba. Fim ɗin farfaganda ne, abin da ke ciki kuma gaskiya ne. Amma ku lura da bambancin yankan. A na Müller edita tana riƙe da wuyan mai kallo, tana cewa ga murmushi, ga gawa, yanke hukunci. A na Golzow da na matar gudumar nan, ana barin mutum ya yi tsawo a allo har ya fi ƙarfin taken da aka ɗora masa. Gida ɗaya, albashi daga aljihu ɗaya, sana'a iri biyu. Shi ya sa ban yarda a yi musu kuɗin goro ba. Su Heynowski ɗin ma a 1982 an ƙwace musu cin gashin kan sitidiyon bayan Scheumann ya soki yadda ake tafiyar da kafafen watsa labarai.

Mubarak:
Wai shin duk wanda ya ɗauki abin da ba a so, ƙona shi ake yi?

Nura Berlin:
A'a, kuma wannan ne abin ban mamaki da ƙasar. Sun fi son kullewa da ƙonawa. Har wani sashe suka kafa a ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa a farkon shekarun 1970, aikinsa ya ɗauki rayuwar yau da kullum ba don a nuna ba, don a ajiye wa 'yan baya. Sun yi fina-finai kusan 300 kafin a rufe shi a 1986. Darakta Thomas Heise ya yi musu biyu, ɗaya a ofishin hukuma, ɗaya a caji ofis a Berlin. Fina-finan da aka dakatar a 1965 da 1966 kuwa an fito da da dama daga cikinsu a 1989 da 1990 aka nuna.

Sadiya Edita:
Ni tunanina ya tafi wani wuri. Baba ya ce guntu ba a zubarwa. To ɗaya daga cikin yaran Golzow, na karanta cewa ta rasu a 1984 tana da shekara 29, ciwon zuciya, ta bar ɗa namiji. A 1998 suka fitar da fim a kanta da ɗan. Ku yi tunanin edita a zaune, a faifai ɗaya ga uwar tana 'yar shekara bakwai a benci, a ɗayan ga ɗanta ya zama saurayi a ƙasar da uwar ba ta taɓa gani ba. Ita za ta zaɓi inda za a haɗa fuskokin biyu. Uwar ba ta nan balle ta ce kada a sa wannan. Ni wannan nauyin ya fi ba ni tsoro a kan na jami'in gwamnati. Jami'i ka san shi, ka san abin da yake so. Mamaci fa?

Hajiya Rabi:
Sadiya kin taɓo babbar magana. Yaran nan ba su suka zaɓa ba, suna 'yan shekara shida da bakwai aka kunna musu fitila a fuska.

Nura Berlin:
Wasunsu ma daga baya sun ce ya isa, suka ƙi a ci gaba da ɗaukarsu, musamman waɗanda suka riƙe muƙami a tsohon tsarin. Waɗanda suka ci gaba kuma abin da kyamara ta tarar bayan 1990 ba daɗi: gonar haɗin gwiwa ta rage ma'aikata, wasu sun rasa aiki, wasu sun yi ƙaura Yamma, aure ya mutu. Su kansu masu fim ɗin ba su tsira ba. A 1992 Treuhand, hukumar sayar da kamfanonin tsohuwar gwamnatin Gabas, ta sayar da sitidiyon DEFA na Babelsberg ga wani kamfanin Faransa, sashen dokumantari ma bai daɗe ba ya watse, ma'aikatan da suka saba da albashin wata suka koma neman aikin kwangila. Ga kwamfuta ta shigo tana korar teburin. Iyalan Junge sai da suka riƙa bin gidajen talabijin da asusun tallafin fim kafin su haɗa kuɗin kowane kashi.

Kwamared Isiyaku:
An yi gudun gara an faɗa gidan zago ke nan. Da jami'i ne zai ce cire wannan, yanzu mai kuɗi ne zai ce awa huɗu ta yi yawa, mayar da shi minti 45.

Abdul-Aziz Maraɗi:
Mai kuɗi in ya ƙi ka, ka tafi wurin wani mai kuɗin. Kuma ba ya buɗe maka fayil a ofishin Stasi, 'yan sandan asirin Jamus ta Gabas. Kada mu manta a 1989 hukumar nan tana da ma'aikata kusan 91,000, ban da masu kai rahoto a ɓoye. Kana yanka fim ba ka san ko wanda ke kawo maka gwangwani yana rubuta abin da ka faɗa ba.

Admin:
Jama'a a riƙa tausasa harshe, kuma a tsaya kan edita. Muhawarar gurguzu da jari-hujja tana da nata zauren.

Baba Garba:
Ranka ya daɗe Admin, bari in mayar da mu. Ni abin da zan ce wa Abdul-Aziz, tuhumarka tana da ƙarfi a kan abin da aka nuna kafin 1989, ban musa ba. An cire abubuwa, kuma hannun edita ne ya cire. Sai dai hannun nan bai jefa su kwandon shara ba, ya naɗe ya sa lamba. Kai kanka hujjar da za ka kafa a kansu, cewa ga abin da suka ɓoye, daga ina za ka samo ta? Daga gwangwanin da ita ta ajiye.

Abdul-Aziz Maraɗi:
Baba da girmanka, ajiya ai dokar aiki ce, kai ka faɗa ɗazu. Ba don ta hango faɗuwar katanga ta ajiye ba. Kuma da ta buɗe gwangwanin a 1993, ita ce dai ta sake zaɓar abin da za mu gani. Wanda ake tuhuma shi ne mai gabatar da shaida. Awa 240 aka ɗauka, 40 da 'yan kai muka gani, kuma a cikinsu akwai maimaici. Sauran fa?

Malam Habibu:
Wannan tambayar ta zauna daidai, kuma ta hau kan kowane edita a duniya, har Sadiya da awa goman bikinta.

Sadiya Edita:
Malam ni kam amarya ce hukumata, in ta ce a cire kishiyar uwarta daga hoto, cirewa nake yi.

Hajiya Rabi:
Kai Sadiya, Allah ya shirye ki. Nura, a ina mutum zai samu ya kalla? Kuma akwai fassara?

Nura Berlin:
Hajiya, haƙƙin fina-finan DEFA yana hannun gidauniyar DEFA da aka kafa a 1998. Na Golzow sun fito a faifan DVD, a ƙauyen ma akwai ɗan gidan tarihi na fim ɗin. Masu neman fassarar Turanci su duba ɗakin ajiyar fina-finan DEFA na jami'ar Massachusetts da ke Amherst a Amurka, su ke fitar da irin waɗannan da rubutun fassara a ƙasa, Winter adé yana cikinsu. Af, makarantar nan ta Golzow ta kusa rasa aji ɗaya a 2015 saboda ƙarancin yara, sai da aka kawo iyalai 'yan gudun hijirar Siriya adadin ya cika.

Kwamared Isiyaku:
Malam Abdul-Aziz, ga shawara. Ka samu na 1981 da na 1993 ka kalla a jere, ka rubuto mana wuri uku da ka kama ta tana wanke kanta. In ka kawo, ni zan fara sa hannu a takardar tuhumar.

Abdul-Aziz Maraɗi:
Awa tara ke nan fa Kwamared, kuma da Jamusanci. Nura ya fara fassaro mana minti 20 na farkon na 1993, daga nan zan fara ƙirga.